Kashin Maƙera a Gonar Kaka

Ranar da muka gama jarrabawa ina ta shagali, ina latse-latsen waya, sai na ci karo da labarin wani ƙaramin ƙauye a ƙasar Slovakia. Kai, har asalin sunansa da rafin da ya ratsa shi an rubuta! Kawai sai na tuna marigayi Kakana.

Duk damina sai ya ja ni gonarsa, ya tona jiƙaƙƙiyar ƙasa da yatsan ƙafa, ya ɗauko wani baƙin dunƙule mai warin tsatsa ya danƙa min. "Riƙe, ɗan boko. Kashin maƙera ne, dattin ƙarfen da suka narkar. A gindin kukar can suka sauka shekarar yunwa, shi ya sa ake ce wa garinmu Kukar Maƙera."

"Kaka, ai ka faɗa bara."

"Baɗi ma zan faɗa, ja'iri."

Bana taki ya gagara, Baffa ya sayar da gonar. An sare kukar, an yanka filaye, masu saye sun raɗa wa wurin Sabuwar Unguwa. Ƙannena ma haka suke kiransa, wallahi ko a jikinsu.

Allah ya jiƙan Kaka, ya sa kada sunan Kukar Maƙera ya bi shi kabari.