Sun Rufe Fuskata, Suka Bar Muryata

A lokacin ni matar aure ce mai 'ya'ya uku, muna zaune a wani kango a Gusau bayan mun gudo daga ƙauyenmu na ƙasar Tsafe. Ina cikin matan da 'yan bindiga suka taɓa kwashewa zuwa daji. Da na dawo, maigidana bai tambaye ni abin da aka yi mini a can ba, ni ma ban faɗa ba. Ya sani, na san ya sani, muka ci gaba da zamanmu cikin rufin asiri. Ina soya ƙuli-ƙuli, shi yana dako a kasuwar hatsi.

Sai ga wasu masu ɗaukar fim sun zo, da wata budurwa mai daɗin baki tana yi musu jagora. Ta zauna a tabarmata tana ce mini Yaya, ta ce duniya ba ta san halin da matan karkara ke ciki ba, in na yi magana za a ceci wasu. Ta rantse za a rufe fuskata. Abin ya daɗe yana cin raina ba mai saurare, sai na buɗe baki na faɗi komai, ko shawartar maigidana ban yi ba.

Fuskar kam sun rufe. Amma muryata suka bar ta yadda take, har da inda na ambaci sunan ƙauyenmu. Wani ya yanko wurin, ya shiga yawo a wayoyi. Ƙanwar mijina da ke aure a Bunguɗu ita ta fara gane ni, ta kunna wa uwarsu. A kasuwa, da maigidana ya iso sai abokan aikinsa su yi tsit. Ya jure iya ƙarfinsa. Ranar da ya sake ni yana hawaye, ya ce da abin yana tsakaninmu ya iya ɗauka, amma idon gari ya fi ƙarfinsa.

Na kira budurwar, ta ce wallahi ba ta ji daɗi ba, sai dai fim ya riga ya fita daga hannunsu. An ce har yabo suka samu a ƙasar waje.

Ban ce a yi shiru ba, abin da na faɗa gaskiya ne. Amma 'yan'uwana mata, kafin ki yi magana a gaban kyamara, ki nemi a nuna miki abin da za a fitar, ki ji da kunnenki. Su za su naɗe kayansu su hau mota. Ke ce za ki wayi gari a unguwar.