Rubutun Munshi Badri a Ƙunshin Gyaɗa

Shekara ashirin da biyu Munshi Badri ya yi a gindin dalbejiyar ƙofar gidan waya a Gorakhpur, yana rubuta wa matan da ba su yi karatu ba wasiƙa zuwa ga mazansu da ke masaƙun Bombay. Mace za ta tsuguna, ta ja mayafi har haɓa, ta faɗi abin da ko uwarta ba za ta faɗa wa ba. Da amanar nan yake cin abinci. Amma munafukin Allah, in ya koma gida sai ya ƙara wa maganar gishiri, ya mai da ita labarin batsa, a buga da sunan ƙarya, a sayar a tashar jirgi a ƙarƙashin jaridu. Wai shi a ganinsa ba cin amana ba ne, tunda ya canza suna.

Ana saura kwana uku bikin Diwali, matarsa Kausalya ta yi sharar shekara kamar kowane gida. Ta kwashe tulin takardun ƙarƙashin gado, inda yake ɓoye labaran da ya rubuta da hannunsa, ta sayar wa mai sayen tsofaffin takardu a sikeli. Aka liƙa su suka zama ƙunshin gyaɗa. Kuma kaf unguwar ba wanda bai san lanƙwasar rubutun Badri ba.

Da hantsin Laraba sai ga Phulmati, wadda shekara tara yake rubuta mata wasiƙa, ta jefa masa ƙunshi a cinya.

"Munshi-ji, karanta min."

Ya duba, ya ga rubutunsa ne. "Haba 'yar'uwa, shirme ne kawai."

"Shirme? Jiya mai gyaɗa ya karanta wa majalisarsa, ana ta shewa! Matar da ke rungumar tsohuwar rigar mijinta don warin guminsa. Wa ya faɗa maka wannan in ba ni ba, tsohon banza?"

"Ai ban sa sunanki ba!"

"Ka sa tabon ƙunar da ke kafaɗata. Uwar mijina ta san shi sarai."

Matan da ke jiran layi suka miƙe ɗaya bayan ɗaya, kowacce na tuna abin da bakinta ya taɓa faɗa masa. Ya san ba mai dawowa.

Phulmati ta yaye mayafinta. Bai taɓa ganin fuskarta ba sai yau: ido a kumbure, leɓe a fashe, alamun dukan da ta sha a gidan miji.

"Kalla da kyau," ta ce. "Wannan ma ka sa a littafi."