Neman Aharas daga Tudun Wada zuwa Hanwa

Ƙarfe shida daidai, ko gari bai waye ba, na fito daga gida a Tudun Wada kamar mai zuwa Makka. Dalili kuwa 'yata Ummi ce. Gashinta ja ne mai duhu irin nawa, ina kiranta Aharas yadda marigayiya Innarmu take kirana. Wata a makarantarsu ta ce mata zagi ne. Kwana huɗu ta hana ni taɓa kanta, ni kuma wallahi ban san ma'anar sunan ba.

Kongo, 6:10

Minti goma a keke. Na tarar da wani malamin jami'a, abokin maigidana, yana shan koko a ƙofar gidansa.

"Aharas? Ai launin doki ne, Hajiya, ja mai duhu. A bakin Buzaye muka aro kalmar."

"Doki, Malam?"

"Doki dai."

Na kwashe da dariya har da riƙe bango. Ashe shekara talatin da tara Inna na ce mini dabba?

Kwangila, 7:30

Cunkoso ya tsayar da mu ƙarƙashin gada. Bakina bai iya shiru ba, na zayyana wa mai keken komai. Ya ce, "To Hajiya, ki sauka ki yi sukuwa mana, kya riga mu isa." Na saya mana ƙosai don ya yi shiru, bai yi ba.

Hanwa, 8:05

Kawu Sule, yayan Inna, yana kan tabarma da rediyonsa. Ko gaisuwa ban ƙarasa ba na jefa masa tambayar. Ya kashe rediyon, ya ce:

"Mahaifinmu yana da aharas guda, a ƙauye. Shekarar da aka yi yunwa ya sayar da shi don mu ci. Uwarki ke ba shi dusa, ta yi wata tana kuka. Ranar da aka haife ki ta ga kanki, ta ce Allah ya mayar mata da abinta."

Na ji kunyar zargin da na yi mata, na yi kuka sosai.

Gida, 2:00

Na gode wa Allah da ya dawo da ni lafiya, da Malam, da Kawu, har da mai keken nan mara kunya. Ummi ta dawo daga makaranta na ba ta labarin tas. Ta yi haniniya ta zagaye tsakar gida sau biyu, sannan ta zo ta zauna a gabana.

"Mama, kitso. Kuma ki faɗi sunan da ƙarfi."