Hoton da Na Yaga a Tandabawi

A shekarata ta biyu da fara karatu a Makka na kama ɗaki a unguwar Tandabawi tare da wani ɗalibi ɗan Filifin da bai daɗe da musulunta ba. Mutum ne mai sanyin hali, har kwanona yake wankewa ba a sa shi ba. Ni kuwa lokacin ɗan karatu ya shiga kaina, ina ji da kaina. Ko harami mutum ya ɗaura, sai na sami abin gyarawa.

A bango, saman katifarsa, ya manna wani tsohon hoto da bai wuce tafin hannu ba, na wani mutum mai ɗan gashin baki sanye da baƙar kwat. Ban taɓa tambayarsa ko wane ne ba. Ni kaɗai na yanke hukuncin cewa waliyyin coci ne ya biyo shi daga tsohon addininsa. Ran nan ya tafi Harami sallar la'asar, sai na ɓalle hoton, na yayyaga shi, na kai shara bakin layi. Har wani daɗi na ji, wai na buɗe wa mala'iku ƙofar ɗaki.

Da ya dawo ya daɗe yana kallon bangon. Ban jira tambaya ba, na ce, "Ya akhi, ni na cire. Na taimake ka ne."

Bai yi faɗa ba, kuma da ma ya yi. Zama ya yi, cikin guntun Larabcinsa ya ba ni labarin mutumin. Likitan ido ne a zamanin da Turawan Sifen ke mulkin ƙasarsu. Bai ɗauki bindiga ba, littattafai ya rubuta ya tona yadda ake taka talakawa, har mutane suka farka. Saboda haka aka fito da shi fili aka harbe shi, kuma mutuwarsa ta ƙara wa masu tawaye ƙaimi. Ya ce babu yaron makarantar da bai san fuskar nan ba a ƙasarsu.

Na ce, "Duk da haka dai hoto ne."

Ya ce, "Ka duba bayansa kafin ka yaga?"

Ashe babansa malamin tarihi ne a ƙauyensu. Tun da ɗan ya musulunta uban ya daina yi masa magana. Ranar da zai taho Makka ne tsohon ya miƙa masa hoton nan, da layi biyu na rubutun hannunsa a baya. Wata huɗu bayan haka uban ya rasu.

Na fita a guje ko takalmi ban sa ba. Motar baladiyya, wato hukumar gari, ta riga ta kwashe sharar.

Abin da ke ci mini rai har yau shi ne, da na dawo ban ba shi haƙuri ba. Girman kai ya hana ni, sai na ɗauko littafi na shiga karanta masa hukuncin rataye hoto. Ya saurare ni har na gama, ya ce Allah ya saka da alheri.

Ƙarshen wata ya tashi ya koma unguwar Ka'akiyya. Kafin ya fita ya share ɗakin tsaf, har ɓangarena.