Gashin Bakin Dattu

Kyau ne ya ja wa Dattu. Ɗan wani masaƙi ne a ƙauye kusa da garin Kolhafur, ya shiga birni neman aiki a zamanin da majigi bai koyi magana ba, kuma ba macen da za ta yarda a ɗauki hotonta. Maza ke ɗaura zane su fito a mata. Mai shirya wasa ya dubi idanun Dattu ya ce, "Kai, na sami sarauniya! Amma wannan tsintsiya ta ƙarƙashin hancinka, a share ta."

A al'adarsu kuwa namiji ba ya aske gashin baki sai ubansa ya mutu. Dattu ya sani sarai. Ya ce a ransa ai zai tsiro kafin ya je gida.

Ina! Wani wasa na ƙarewa wani ke farawa. Ya ƙware kuwa: bayan hannu a goshi baƙin ciki ke nan, tafi biyu a ƙirji roƙo, in ya zube ƙasa an kai maƙura. Mai bayani na tsaye gefen farin ƙyalle yana ara masa murya, 'yan kallo na sharar ƙwalla.

Rannan masu yawo da majigi suka kafa tanti a ƙauyensu, tsohon masaƙin ya ga ɗansa da idonsa a ƙyalle, cikin zane, ba gashin baki. Da Dattu ya sami labari ya garzayo gida, ya tarar da shi yana saƙa.

"Baba, aiki ne kawai, na rantse."

"Sannu da zuwa, maraya," in ji tsohon, ko ɗagowa bai yi ba. "Yaushe na mutu? Ba wanda ya gaya min."

Dattu ya haɗa tafi a ƙirji ya zube ƙasa, yana kuka na gaske.

"Wannan ma na gani a ƙyalle. Ina mai bayanin naka? Tashi, kada ka hargitsa min zare."

Abin tausayi, ba shi da wani salon roƙo sai wanda aka koya masa. Ya koma birni da niyyar ya bar aikin, ya tara gashi ya dawo. Mai shiryawa ya ce a ƙarasa wasa ɗaya tukuna. Ana cikin ɗauka saƙon rasuwar uban ya zo.

A bakin kogi 'ya'yan mamaci suka jeru, wanzami yana bin su ɗaya bayan ɗaya, gashin bakin yayyensa na zuba ƙasa. Da ya zo kan Dattu ya aske kan, ya gangaro ya shafa leɓen, ya tsaya da aska a hannu.

"Ɗan'uwa, nan me zan aske?"