Amanatullah Bandari da Gurbin da Ke Gefen Mahaifiyarsa

Haihuwa da nasaba

An haifi Amanatullah ɗan Keramat Ali a shekarar 1921 Miladiyya, a ƙauyen Boirag da ke kudu da kogin Karnafuli, cikin lardin Chittagong. Mahaifinsa mai zuba kwal ne a tanderun jiragen ruwan Turawa. Mahaifiyarsa kuwa, Golbahar Bibi, mace ce mai kafiya da iya hannu, wadda har yau tsofaffin Boirag ke ambaton kwaɗon busasshen kifinta idan suna son su kunyata matan 'ya'yansu. Shi kaɗai ne ɗan da ya rayu a ɗakinta.

A shekarar 1931 zafin tanderu ya kashe Keramat Ali a tsakiyar Bahar Maliya. Abokan aikinsa da suka dawo sun ba da labarin cewa an naɗe shi a tamfol, aka ɗaura masa ƙarafan tanderu a ƙafa, aka zura shi cikin teku, kuma jirgin ko sassauta gudu bai yi ba, domin ganyen shayin mutanen Landan yana sauri. Abin da ya iso Boirag shi ne akwatin kwano da bargo ɗaya. Daga wannan shekara, duk ranar idi, idan yara suka bi iyayensu maƙabarta domin ziyarar kakanni, Golbahar takan ja ɗanta zuwa gaɓar kogi su tsaya suna karanta Fatiha ga ruwa mai laka. A nan ne ta ɗauki alƙawari daga bakinsa, yana ɗan shekara goma: ya ci abincinsa a teku in babu makawa, amma ya dawo ya kwanta a ƙasa, a gefenta.

Karatu da tarbiyya

Ya yi karatun Alƙur'ani a makarantar masallacin ƙauyen daga 1927 zuwa 1933, bai kuwa yi fice ba, domin malaminsa ya sha cewa hancin yaron ya fi kansa kaifi. Ilimin da ya amfane shi a gaban murhu ya same shi. Da yake Golbahar ba ta da 'ya mace, shi ta zaunar a gaban dutsen niƙanta, ta koya masa gasa busasshen kifi a kan garwashi, da niƙa shi da barkono da albasa har mai ci ya yi gumi ya nemi ƙarin shinkafa. Maƙwabta sun yi ta yi masa ba'a suna kiransa amaryar Golbahar, ita kuma takan amsa musu cewa 'ya'yansu maza za su zo su durƙusa wa wannan amarya da kwano a hannu. Haka kuwa aka yi.

Shiga aikin jirgi

A shekarar 1938 ya tafi Kalkata, ya sami gurbi a madafar ma'aikata ta wani jirgin dakon kaya, kuma a 1946 ya zama bandari, wato mai dafa wa ƙananan ma'aikatan jirgi abinci. A wancan zamani kowane jirgi madafa biyu gare shi: ta hafsoshi a sama, inda ake tafasa dankalin Turawa har ya mutu murus, da ta ma'aikata a can ƙuryar baya, kusa da makewayi. Haka nan ɗakin sanyi, inda ake ajiye nama: rabon ma'aikata lungu ɗaya ne a bayan ƙofa, kuma busasshen kifi haramun ne ya kusanci wurin, wai warinsa yana kama man shanu.

Ranar da zai kama aikin bandari, mahaifiyarsa ta ɗora masa dutsen niƙanta a ka. Da wannan dutse ya zaga duniya. Sun kai buhunan rama Legas domin ɗura gyaɗa, sun ɗauko kanumfari daga Zanzibar, da dabino daga Basra, da kwakwa daga Kolombo, duk kayan daɗin duniya a ƙarƙashin ƙafarsu, alhali abin da ake auna musu shinkafa ce mai ƙwari da romon wake. Amma duk wanda ya yi tafiya da Amanatullah ya shaida cewa idan sautin dutsen nan ya tashi da hantsi, masu faɗa kan ajiye faɗansu sai bayan an ci.

Aure da iyali

Ya auri Monowara Begum, 'yar wani masassaƙin kwale-kwale daga ƙauyen da ke maƙwabtaka da nasu, a shekarar 1944, bayan babbar yunwar da ta afka wa ƙasar. Allah ya azurta su da 'ya'ya bakwai, biyu suka rasu suna ƙanana. Monowara ba ta taɓa ɓoye ƙiyayyarta ga teku ba, kuma ita ce ta yi jinyar surukarta har Golbahar ta cika a shekarar 1958. Amanatullah ya iso bayan an yi bizne. Ya je maƙabartar gidan da dattawa uku, ya nuna musu gurbin da ke hannun damanta, ya kafa su shaida cewa nasa ne, ya dasa mangwaro a wajen kan. Daga nan ya sayi likkafani, ya ba wani alhaji ya jiƙo masa shi da ruwan Zamzam, ya shimfiɗa shi a ƙasan akwatinsa. Ma'aikata sukan tsokane shi cewa duk jirgin babu wanda ya kai bandari shirin tafiya, shi kuma ya ce tafiyar gida ce.

Bayan tafiyar Turawa

Da Turawa suka tattara nasu ya nasu a 1947, Amanatullah ya komo da rajistarsa Chittagong da zaton an gama wulaƙanci. Ina! An sauya tuta, an sauya sunayen jirage, amma madafa tana nan biyu. 'Ya'yanmu da aka yi wa hafsoshi suka gaji cokula masu yatsu da dafaffen dankali, suna tura shi da ƙyar suna yatsine fuska, don kada a ce ba su waye ba.

A shekarar 1963 aka kawo jirginsu wani mai koyon aikin hafsa, Ehtesham Chowdhury, ɗan babban gida daga birni. Teku ta juya masa ciki, abincin sama ya ƙi zama, har ya rame ya koma kamar sanda. Amanatullah ya riƙa ɓoye shi a bayan buhunan shinkafa yana ba shi kunun shinkafa da citta, da ya farfaɗo kuma ya koma ba shi kwaɗon busasshen kifi, wanda in an ga hafsa yana ci sai ya sha dariya a sama. Saurayin yakan zauna a ƙasa ya naɗe hannun farar rigarsa yana ci da hannu, yana kiran bandari Kawu. Wata rana ya ga likkafanin ya tambaya, aka ba shi labarin Keramat Ali. Sai ya ɗebi gishiri a tafin hannunsa, a gaban Sarang Fazal Karim, shugaban ma'aikatan jirgin, ya ce: "Kawu, na ci gishirinka. Duk jirgin da nake kyaftin, ba za a jefa ɗan uwanmu a ruwa ba, balle kai."

A wurin mutanen kogi, wanda ya ci gishirin mutum ya kuma rantse a kansa ya ɗaure kansa har abada. Amanatullah ya ɗauki maganar nan ya ajiye ta tare da likkafanin. Bai san cewa a makarantar hafsoshi ba a koyar da hukuncin gishiri ba.

Shekarun ƙarshe

Bayan yaƙin 1971 da samun ƙasar Bangladesh, ya ci gaba da aiki a jiragen 'yan kasuwar gida har 1979, lokacin da ciwon zuciya ya sauke shi. Ya zauna a Boirag yana dafa mezban, wato walimar naman sa da ake yi wa mamata, yana kuma share gindin mangwaronsa, wanda a lokacin ya daɗe da fara 'ya'ya.

A farkon 1981 saƙo ya zo masa ta bakin Sarang Fazal Karim cewa Ehtesham ya zama kyaftin na jirgin Halda Rani, mallakar wani attajirin rama, kuma ya ce ba zai ɗaga ba sai da Kawunsa, domin ya gaji da abincin da ba shi da rai. Monowara ta ƙi ƙememe. Ta tuna masa ƙirjinsa, ta tuna masa mahaifiyarsa, ta ce ita ta gaji da tsayuwar gaɓar kogi tun kafin ta fara. Shi kuwa, farin cikin an tuna da shi ya rufe masa ido, ya ce mata ko da ajali ya riske shi, a jirgin Ehtesham ne, kuma jirgin yana da ɗakin sanyi. Ya ɗauki dutsensa da akwatinsa ya tafi.

Rasuwa

Sun kai rama da ganyen shayi tashoshin Bahar Rum. A hanyar dawowa aka cika ɗakin sanyi maƙil da tuffa da cuku da man shanun gwangwani, domin mai kamfanin zai aurar da ɗansa, kuma yana son Chittagong ta ci abin da ba ta taɓa ci ba. A watan Yuni na shekarar 1981, bayan sun wuce Kolombo sun miƙi hanyar gida, Allah ya yi wa Amanatullah rasuwa da hantsi, a durƙushe gaban dutsen niƙa, yana da shekara sittin.

Ma'aikata suka yi masa wanka, suka sa shi a likkafaninsa, sannan sarang ya hau sama ya roƙi a ba su lungun bayan ƙofar ɗakin sanyi, rabonsu na asali, su ajiye gawar har gida. Ya ce sun amince a zubar da namansu gaba ɗaya, su ci shinkafa da gishiri har gida, tunda tafiyar da ta rage ba ta kai mako ba. Kyaftin Ehtesham ya zubar da hawaye, wannan kam an shaida. Amma ya ce mai kamfani ba zai ciyar da baƙinsa abin da ya kwana ɗaki ɗaya da gawa ba, magana kuma ba ta ɓuya a jirgi. Sarang ya ce masa: "Ranka ya daɗe, ni na ga gishirin a hannunka."

Kyaftin ya juya fuskarsa wajen taga, ya ce: "Sarang, lokacin ina yaro ne."

Allah wadaran wannan amsa. Baturen da ya jefa Keramat Ali bai san sunansa ba, bai taɓa cin abincinsa ba, bai kira shi Kawu ba. Wannan kuwa da hannunsa ya ci.

Jana'iza

Aka yi masa salla a bayan jirgi bayan la'asar, sarang ya yi limanci. An aiko musu da tsofaffin sarƙoƙi domin nauyi, ma'aikata suka ce ƙarfen kamfani ba zai taɓa shi ba, suka ɗaura masa dutsen mahaifiyarsa. An tsayar da inji, an sassauto da tuta, kyaftin ya tsaya cikin fararen kaya ya sara masa, kuma wannan shi ne dukan bambancin da samun 'yanci har sau biyu ya kawo tsakanin uba da ɗa. Tuffa ta iso Chittagong lafiya lau, ko ɗaya ba ta ruɓe ba.

Ranar sadakar arba'in, ana cikin mezban, motar kamfani ta tsaya a bakin hanyar Boirag, aka sauke kwalin tuffa, ragowar biki, a matsayin ta'aziyya. Monowara ta hana kowa taɓawa. Ta sa 'ya'yanta maza suka ɗauki kwalin zuwa maƙabarta, suka haƙa gurbin da ke hannun daman Golbahar. Limamin ƙauye ya biyo su yana cewa ba a bizne abinci, wannan almubazzaranci ne kuma bidi'a. Ta tsaya daga bayan shinge, ta ce masa: "Malam, ita tuffar aka ga ya dace a kawo gida. To, a kwantar da ita."

Aka zura kwalin a ramin, aka mayar da ƙasa.

Marigayin ya rasu ya bar matarsa Monowara Begum da 'ya'ya biyar: Nurul Absar, mai sayar da busasshen kifi a kasuwar Chittagong, Jainal Abedin, direban babbar mota, Hosne Ara da Lutfunnesa, dukansu a gidajen aurensu, da autansu Mahbub, malamin makaranta. Babu ko ɗaya daga cikinsu da ya hau jirgin ruwa. Allah ya jiƙan Amanatullah, ya haskaka masa makwancinsa a inda shi kaɗai ya sani, amin. Ranar idi kuwa, idan jama'a suka nufi maƙabarta, jikokinsa gaɓar kogi suke nufa.