Haƙoran da Suka Ƙi Zama Tare

Shagon Baba Mai Haƙori taku huɗu ne a tsawo, uku a faɗi, kuma duk inda ka juya baki ne ke yi maka murmushi babu fuska. Kantar cike take da muƙamuƙan filasta, kowanne da lambarsa a rubuce da fensir. Shekara talatin da takwas ke nan yana haɗa haƙoran roba. Likita ya aiko masa da gwajin bakin mutum, shi kuma ya zauna da kaki irin na zuma da 'yar wuƙa da fitilar narkarwa, ya jera haƙora ɗaya bayan ɗaya har na sama su zauna daram a kan na ƙasa. Yana da wani muƙamuƙin ƙarfe mai buɗewa da rufewa, da wata siririyar shuɗiyar takarda da yake sawa tsakani. In aka cije ta, duk inda haƙori ya taɓa ɗan'uwansa sai shuɗi ya fito.

Ba ya kallon idon mutum in ana gaisawa, bakinsa yake kallo. Telan da ke maƙwabtaka da shi ya daɗe da koyon yin dariya da hannu a baki.

'Ya'yansa biyar, amma Auta ce kaɗai ta tashi tana zama a shagon, tana murza ragowar kaki tana yin kaji da awaki. Tun tana aji uku ya yanke cewa likitar haƙori za ta zama. Ga mutane yana cewa don ta ji daɗin rayuwa ne. Abin da bai taɓa faɗa wa kowa ba shi ne, ya riga ya auna bangon da ke saman ƙofar shagon, inda allon sunanta zai zauna. Duk tsawon shekarun nan likitoci ake yi wa godiya a kan murmushin da shi ya sassaƙa da hannunsa, babu wanda ya san akwai shi. Yana so ko sau ɗaya godiyar ta shigo ta ƙofarsa.

Sai Auta ta shiga jami'a ta zaɓi karatun ƙasusuwan dabbobin da suka shuɗe. Ba su yi faɗa ba, da ma faɗan suka yi da ya fi sauƙi. Shekara bakwai gaisuwarsu ɗaya ce.

"Ya karatun ɓeraye?"

"Lafiya lau, Baba. Suna gaishe ka."

Wata safiyar Litinin yana goge wani haƙorin gaba sai ga ta a bakin ƙofa, da jaka a kafaɗa. Ta ja kujerar nan mai gajeriyar ƙafa da take zama a kai tun tana ƙarama, ta ajiye masa 'yar kwalba kamar ta turare.

"Baba, aiki na kawo maka."

Ya ɗaga kwalbar a haske. "Yashi kika kawo mini?"

"Haƙora ne. Sa madubinka."

Ya sa madubin ƙara girma a ido. Abin bai kai ƙwayar riɗi biyu ba, amma turmi ne sosai, wato haƙorin tauna na can ciki, da tsinayensa uku da ɗan kwarinsa a baya. Ya daɗe bai ga aiki mai tsabta haka ba.

"Na waye?"

"Na wata dabba da ba ta wuce jaɓa girma ba. Ta rayu lokacin manyan ƙadangarun nan da ake kira dinoso. Kowa su yake kallo saboda girma, amma a ƙarƙashin ƙafarsu ƙananan dabbobi masu shayarwa suna ta rarrabuwa. Wasu suka hau bishiya, wasu suka shiga rami, wasu suka faɗa ruwa, har akwai masu shawagi daga reshe zuwa reshe. Ƙasusuwansu sun ruɓe galibi. Haƙori ne ke jure zama a ƙasa, don haka da shi muke gane su. Wannan ƙwari yake ci, wancan tsaba, duk a haƙori ake karantawa."

"To ai duk wanda ya san aikinsa ya san haka," in ji Baba, yana ƙoƙarin kada sha'awarsa ta fito fili.

Tela, wanda kunnensa ba ya barin bangon, ya leƙo da almakashi a hannu. "Wato bayan duk wannan karatun, 'yar taka ma haƙori take yi? Sai dai majinyatanta ba sa kuka."

"Koma kan wandon mutane," in ji Baba.

Auta ta yi dariya, ta ci gaba. "Ka san kada haƙoransa zubewa suke yi suna sake fitowa har ya mutu. Masu shayarwa kuwa sau biyu kawai, na nono da na girma. Shi ya sa na sama da na ƙasa suke samun zama su dace da juna sosai, a tauna abinci da kyau."

"Alhamdu lillahi," in ji Baba. "Da irin na kada aka ba mu, da da me zan ciyar da ku?"

Aikin shi ne, gidan tarihi na jami'a zai buɗe sabon ɗaki nan da mako uku. Ana son haƙora goma sha biyu a girmama su kamar dunƙulen hannu, don baƙi su taɓa. Ta kawo hotunan kowanne ta fuska shida, da awonsa. Biyu daga ciki nata ne, ita ta tsince su a rariya ɗaya bayan wata huɗu tana tace ƙasa: turmin sama da turmin ƙasa na dabba guda, wadda a kanta take rubuta kundin digirinta. Su za a sa a tsakiyar ɗakin, a cije da juna, malamanta duk suna wurin.

Baba ya ce zai duba in ya samu lokaci. Tana fita ya ture aikin likitoci uku gefe.

Na farkon da ya gama, ya fito sumul yana ƙyalli. Auta ta zo ta juya shi a hannu, fuskarta ta canza.

"Baba, ina gogewar da ke gefen nan?"

"Na cike. Haƙori duk ya cinye, ga tsini a karye, zan ba ki shi haka a ce aikina ne?"

"Wayyo Baba! Ai cinyewar ce karatun! Nan ne inda haƙorin ya riƙa gogar ɗan'uwansa. Da shi muke sanin yadda dabbar take tauna. Ka yi wa tsohuwa mai shekara miliyan ɗari da wani abu kwalliyar amarya!"

Tela ya kwashe da dariya ta bayan bango, har keken ɗinkinsa ya tsaya. Baba ya ji kunya, ya kuma ji haushi, amma ya narkar da kakin ya sake. Daga ranar ya daina gyara, ya koma kwafa. Kowace gogewa, kowane karce, ya bi su da wuƙarsa kamar mai kwafar wasiƙa. Auta ta riƙa zuwa da hantsi, ta zauna a gajeriyar kujera tana miƙo masa kayan aiki tun kafin ya nema. Matarsa Mama ta lura ya fara rera waƙa yana wanka.

Saura kwana takwas ya zuba filastar biyun nan nata. Da suka bushe ya ɗaura su a muƙamuƙin ƙarfe, don haka hannunsa ya saba, ba don yana zargin komai ba. Ya sa shuɗiyar takarda ya rufe. Ya buɗe.

Shuɗin ya fito a inda babu gogewa. Inda gogewar take kuma fari fat.

Ya matsa na saman gaba, ya matsa shi baya, ya karkata shi. Ya koma kan hotuna ya sake awo sau uku. Tsinin na sama ya ƙi faɗawa cikin kwarin na ƙasa, a gefensa yake dira. Girman ɗaya, kamar ɗaya, amma haƙoran nan biyu ba su taɓa kwana a baki guda ba.

Abin da ya fara ji daɗi ne. Daɗi ƙarara, mai ɗumi, tun daga ciki har wuya. Ga jami'a da injinanta, ga malamai da gilasansu, ga yarinyar da ta raina sana'arsa, kuma tsoho mai 'yar takarda ne ya gano. Har ya buɗe baki zai kira Tela. Sai ya hango gajeriyar kujerar, ya rufe bakinsa. Wane irin uba ne ke murna da kuskuren 'yarsa? In ya faɗa mata, ta ina za ta san gaskiyar ce ta yi magana ba tsohon haushin ba? Shi kansa bai tabbata ba. Kuma mako biyun nan su ne suka fi kowane lokaci daɗi a shekara bakwai.

Ya ɗauki magagari. Gogawa biyu a nan, ɗaya a can, abin da yake yi wa haƙoran roba kullum. Ya zuba wani sabon turmin sama, ya gyara shi, ya rufe ƙarfen. Suka zauna ƙyas. Na gaskiyar ya jefa shi a aljihun tebur.

Da rana Mama ta kawo masa shayi da burodi, ta tarar da na safe ma bai taɓa ba. Shekara arba'in da aure, ba ta buƙatar madubin ƙara girma.

"Malam, me ka ɓoye a tebur?"

Ya faɗa mata, yana kallon ƙasa. Ya ƙara da cewa don kada ran yarinyar ya ɓaci ne.

"Ran yarinyar, ko kujerar nan kake tsoron ta koma wayam?" Ta zauna a kai, kujerar ta yi ƙara. "Bari in gaya maka abin da ta ce kar in faɗa. A jami'arsu akwai injin da ke fitar da irin waɗannan a kwana ɗaya. Ogan nata da ke duba kundinta ma cewa ya yi a yi da shi. Ita ta ce a'a, babanta ya fi injin."

"Ita ta ce haka?"

"Ita. To in ƙarya take so, ai ba sai ta taho har nan ba. Sha shayinka."

Washegari Auta ta zo. Ya ɗaura na gaskiyar, ya miƙa mata takardar. "Ke ki rufe da hannunki."

Ta rufe, ta buɗe, ta duba. Ta sake. Ya ga wuyanta ya yi tauri kamar lokacin da take ƙarama in an hana ta abu.

"Wataƙila kai ka kuskure awo."

"Wataƙila. Na auna sau uku."

"Ka daɗe kana jiran ranar nan, ko Baba?"

Da ya so, da ya rantse mata ba haka ba ne. Sai ya ce, "Da na gani na ji daɗi. Na minti ɗaya. Daga nan ban iya cin abinci ba." Ya jawo aljihun tebur ya fito da wanda ya goge. "Har wannan na yi miki. Yana zama daidai. In kina so ki ɗauka."

Ta kalli na ƙaryar, ta kalle shi. Ta ɗauki na gaskiyar da takardar duka, ta fita ba sallama.

Kwana biyu babu ita. Baba ya jera wa wani tsohon direba haƙora a karkace, sai da ya warware. Tela ya shigo ya zauna, ya rasa tsokanar da zai yi, ya koma.

A rana ta uku da hantsi ta faɗo shagon, idanu jajur, mayafi a hannu.

"Biyu ne!"

"Me ne biyu?"

"Dabbobin! Na koma cikin ƙasar da na tace, na zazzage kwalabe sittin. Na sami wani guntun turmin ƙasa da na ajiye a matsayin tarkace. Shi ne abokin na saman! Baba, iri biyu ne a wuri ɗaya, girma ɗaya, amma ɗaya yanka yake yi, ɗayan niƙa. Ba abinci ɗaya suke ci ba, shi ya sa suka iya zama tare. Abin da nake ta son in nuna ke nan, ashe yana cikin kwalbata. Rabin kundina zan sake rubutawa, oga ya ce wata shida aka ƙara mini."

"Wata shida? Kuma kike dariya?"

"Tashi ka narka kaki, saura kwana huɗu."

Ranar buɗe ɗakin Baba ya sa rigar da Tela ya ɗinka masa, wadda hannunta ɗaya ya fi ɗaya tsawo. A tsakiya aka ajiye muƙamuƙinsa na ƙarfe, da tulin shuɗiyar takarda a gefe, kowane baƙo ya gwada da kansa: waɗannan sun zauna, waɗancan sun ƙi. Ƙarƙashinsa akwai ɗan kati mai sunan wadda ta tsinto haƙoran, da sunan wanda ya gano ba daga bakin dabba ɗaya suke ba, da sana'arsa a rubuce.

Ya karanta katin sau biyu, ya cire gilashi ya goge.

"Rubutun ya yi ƙanƙanta," ya ce.

"Haƙoran ma ƙanana ne," in ji Auta.

Shugaban gidan tarihin ya ƙaraso yana washe baki, ya kama hannunsa da hannu biyu yana godiya. Baba ya amsa da ladabi, idonsa na inda ya saba. Da mutumin ya wuce ya sunkuyo kunnen Auta.

"Ki ce masa ya biyo ta shago. Na hagunsa ma ba sa haɗuwa."